GANI YA KORI JI

 Na san kun saba in kun ɗauki littafina ku tarar da Alhaji da amarya da uwar miji. To yau ku yi mini haƙuri, labarin wata tafiya na zo muku da shi, tafiyar da har yanzu ban yi ta ba, amma ta hana ni barci fiye da duk wani littafi da na taɓa rubutawa.

Abin ya faro ne wani dare bayan isha'i, an ɗauke wuta, muna shan iska a tsakar gida a nan Gusau. Autata 'yar shekara tara ta ɗauke mini waya tana kallo, sai kawai na ji ta ƙwalla kira, "Umma! Umma zo ki ga kifin da ya fi tirela!" Na leƙa, sai ga wata ƙatuwar halitta baƙa ta yunƙuro daga cikin teku ta tashi sama, ta faɗo, ruwa ya yi tsiri kamar gini, ga mutane cike da ƙaramin jirgi suna ta ihu suna ɗaukar hoto.

Inna tana kan tabarma tana jan carbi, ta ce, "Mi kuka kallo haka?" Aka kai mata wayar dab da fuska, domin yanar ido ta fara cin ƙarfinta. Ta daɗe tana dubawa sannan ta ce, "Ai kifin Annabi Yunusa na. To mu ma muna da namu, kishiya. Akwai ayu, akwai dorina."

Auta ta juyo ta dube ni ta ce, "Umma, ke kin taɓa ganin ayu?"

'Yar uwa, wallahi kunya ce ta kama ni. Ke ma kin san inda muka san ayu, a 'yar kwalba muka san shi, wadda mai kayan mata ke zarowa daga ƙasan jaka tana rage murya. Dorina kuwa a hannun malamin makarantar allo na santa, kuma har yau in na tuna sai bayana ya amsa. Ga ni da shekara talatin da 'yan kai, na rubuta littattafai na kwatanta Landan da Dubai da ban taɓa takawa ba, amma dabbobin ruwan ƙasarmu ban san su da rai ba, sai mai da fata.

Ban gama jin wannan kunyar ba yarinyar ta ƙara mini wata. Inna ta ce mata ruwan da ayu ke sha ma ta ƙofar Gummi yake wucewa, sai ta ce, "Gummi? Garin da jirgi ya kife da mutane?" Inna ta yi shiru. Ni ma na yi shiru. A Gummi aka haife ni, dangin Inna kuma 'yan wani ƙauye ne a ƙasar Bukkuyum, amma abin da 'yata ta sani game da asalinta ke nan.

Kuma ba laifinta ba ne, abin da kunnenta ya tashi yana ji ke nan. A 2010, tun ba a haife ta ba, gubar dalma ta kashe yara fiye da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da Abare da Bagega da 'Yargalma. Dutsen zinariya ake kawowa cikin gida ana dakawa ana niƙawa, ƙurar ta sauka a tsakar gida inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki, alhali dutsen cike yake da dalma. Sai da likitocin ƙungiyar MSF suka zo suna ba da magani, aka bi gida gida ana kwashe ƙasar tsakar gida ana zuba sabuwa, Bagega ma ba a share ta ba sai 2013. A watan Satumba na 2021 aka katse layukan waya a jihar nan saboda yaƙi da 'yan bindiga, muka yi makonni ba mu san halin da 'yan uwa ke ciki ba. A farkon Janairun 2022 aka afka wa ƙauyuka a tsakanin Anka da Bukkuyum, mutanen wurin suka ce an kashe kusan 200. A shekarar ne muka ɗauko Inna muka dawo da ita Gusau, ta zo da ƙullin kaya ɗaya da turmin dakan yajinta. Sannan a watan Satumba na 2024 kwale-kwale ya kife a gulbin Gummi da manoma fiye da 50 masu ƙetarawa gona, da yawansu ba su fito da rai ba. Allah ya ji ƙansu baki ɗaya.

Duk wannan gaskiya ne, ba ni da bakin musa ko ɗaya. Sai dai ni na san wata Anka da wata Gummi da ba a faɗa a rediyo. Ina 'yar shekara shida aka ƙirƙiro jihar Zamfara daga tsohuwar jihar Sakkwato, ranar 1 ga Oktoba 1996, kuma tun daga lokacin nake bin wannan hanya a bayan motar kasuwa ina kan cinyar Inna. Na san yadda gawo ke tsayawa tsirara da damina sa'ad da kowane icce ya yi kore, sannan ya yi ganye da rani sa'ad da kowa ya bushe. Na san giginya a bakin fadama, da balbelu a bayan shanu, da gonakin duma da ake fafe ƙwarya da su. Na san ƙamshin ƙasar bakin gulbi da sassafe. Waɗannan duk a kaina kawai suke, ko hoto ɗaya ba ni da shi da zan nuna wa 'yata in ce mata ga garinku.

A daren nan na ɗauko sabon littafin rubutu mai shafi sittin da na saya don sabon labari, na rubuta a bangonsa: Tafiyar Gulbi. Abin da ke cikinsa shi zan karanto muku, ko wata za ta amfana.

Shafin farko hanya ce. Daga Gusau a ɗauki titin Sakkwato, a wuce Bunguɗu da Maru, in an kai Mayanci a karya hagu a kama hanyar Anka. Zangon farko ke nan. Anka ba ƙaramin gari ba ne a tarihi, nan sarautar Zamfara ta zo ta zauna bayan Gobirawa sun ci tsohon Birnin Zamfara a ƙarni na 18 an yi ta ƙaura daga wannan gari zuwa wancan, shi ya sa har yau ake ce wa sarkin garin Sarkin Zamfaran Anka. Ina so Auta ta tsaya a ƙofar fadar in ɗauke ta, ta san sunan jiharta yana da gida. Daga Anka hanya ta miƙe yamma ta ratsa ƙasar Bukkuyum har Ɗaki Takwas, inda hanyar Zuru ta rabu, sannan a shiga Gummi, garin Sarkin Mafara. Zango na biyu ke nan, kuma nan za mu daɗe. Ƙauyen su Inna kuwa na rubuta sunansa na ja masa layi, domin ba ya kan titi, kuma ba zan kai tsohuwa da yarinya inda masu wurin da kansu suka baro ba. Da na gaya mata ba ta yi musu ba, cewa kawai ta yi, "In mun kai saitin garin ki gaya mini, in juya fuskata wajen."

Shafi na biyu lokaci ne, kuma nan na fi shan wahala. Da farko na ɗauka ai hoto ko yaushe ɗaukarsa ake yi. Sai da na yi wata guda ina gwadawa da wayata a kan bishiyar darbejiyar ƙofar gidanmu, safe da rana da yamma, sannan na gane rana ita ce mai hoton, ni 'yar riƙe waya ce kawai. Hoton tsakar rana fari fat yake fitowa, ba inuwa ba armashi. Na bayan fitowar rana da kaɗan, da na bayan la'asar sakaliya, su ne suke fitowa kamar an shafa musu zuma. Kuma a bar rana a baya ko a gefe, kada a fuskance ta. Sannan a goge idon kamarar da gefen mayafi kafin a ɗauka, domin rabin hotunanmu na biki da ke fitowa dishi-dishi maiƙon hannunmu ne na girki.

Haka watanni ma ba ɗaya suke ba. Daga Disamba zuwa Fabrairu hazo ya rufe ko'ina, dutsen da ke gabanki ma da ƙyar za ki hango shi. Maris da Afrilu zafi, ƙasa ta ƙone, gulbi ya ja baya ya bar rairayi. Agusta da Satumba ƙasa ta yi kyau iya kyau, amma gulbi ya cika ya batse yana cin mutane, ga dawa da ciyawa sun yi tsawon da za su ɓoye mugu a bakin hanya. Da na auna duka sai na tsaya a kan Nuwamba: ruwa ya ɗauke, an fara yankan dawa, fadama na nan da sauran korenta, hazo bai riga ya sauko sosai ba.

To ga inda gizo ke saƙar. Lokutan nan biyu da hoto ya fi kyau, sassafe da gab da magariba, su ne lokutan da mai hankali ba ya kan wannan hanya. Na daɗe ina juya wannan a raina, har na kusa yaga littafin. Daga baya na ga mafita ɗaya ce, a raba tafiya da ɗaukar hoto. Tafiya sai rana ta ɗaga, motoci sun fara zirga-zirga, kuma a sauka kafin la'asar. Hoto kuwa sai an kwana a gari, a fita da safe zuwa bakin gulbi inda mata ke wanki masunta na gyaran koma, a dawo. Duk kyan wuri in a tsakanin gari da gari yake, ba za a tsayar da mota ba, in ya samu ta taga to, in bai samu ba ido ya gani ya isa. Na san da haka zan rasa hotuna masu yawa, na kuma haƙura da su.

Shafi na uku dokoki ne da na kafa wa kaina. Ba za mu tashi ba sai an kira 'yan uwa a Anka da Gummi a safiyar ranar an ji lafiyar hanya, a kuma tambayi direbobin tasha, domin su ne suka fi kowa sanin inda aka kwana lafiya. In aka ce a dakata, an dakata ke nan ko da an gama ɗaure kaya. Motar haya za mu shiga kamar kowa, ba gwal ba leshi. Ba a ɗaga waya a shingen jami'an tsaro. Ba a ɗaukar mutum sai an yi sallama an nemi izini, balle matan aure, ni ma ba zan so wata ta zo ta ɗauke ni ina tsugune ina wanke-wanke ba. Ba za a sa hoto ko ɗaya a waya duniya ta gani ba sai mun dawo gida. Ba ma shiga kwale-kwale sai da rigar kariya, kuma in na ga an cika shi zan fita ko da za a yi mini dariya. Sai guzuri: ruwa, ƙuli-ƙuli, dambun nama, maganin Inna, da abin cajin waya guda biyu. Kuɗin kuwa adashe na shiga tun bara, kwasata ta faɗo a Oktoba.

Shafi na huɗu shi ne na Auta, wato dabbobin ruwa. Nan sai da na yi karatu kamar mai shirin jarrabawa. Ashe wannan babban kifin teku da Turawa ke kira wel, sunan kifi kawai yake ɗauke da shi. Iska yake shaƙa ta ƙofar hancin da ke saman kansa, haihuwa yake yi, kuma uwar tana shayar da ɗanta nono kamar ni da ke. Irin wanda muka gani yana tsalle yakan kai mita 15 a tsawo, nauyinsa ya kai tan 30. Daga ruwan ƙanƙara na can ƙarshen kudancin duniya suke tasowa duk shekara, su yi tafiyar dubban kilomita su zo ruwan ɗumi na gaɓar Gabon da Kwatano su haihu, wajen Agusta zuwa Oktoba. An yi ta kashe su saboda mansu har suka kusa ƙarewa, sai a 1986 dokar hana farautarsu don kasuwanci ta fara aiki a duniya, suka fara farfaɗowa.

Da na karanta wannan sai jikina ya yi sanyi, domin labarin ayu ne sak. Shi ma ayu ba kifi ba ne. Ciyawar ruwa yake ci, ba ya cizo ba ya faɗa, yakan kai mita uku ko fiye. Macen takan yi wajen shekara guda da ciki, ta haifi ɗa ɗaya tak, ta shayar da shi da nonon da ke ƙarƙashin hammatarta, sai ta yi shekaru kafin ta sake haihuwa. Tun 1985 dokar Nijeriya ta sa shi cikin dabbobin da aka hana kashewa. To 'yar uwa, dabbar da ke haihuwa ɗaya ɗaya haka, in kowace amarya a Arewa sai an sa mata kwalbar manta a cikin kaya, ina za a samo su? Ko dai abin da ake sayar mana man gyaɗa ne da turare, an cuce mu, ko kuwa na gaske ne, an kashe uwa mai shayarwa saboda mu. Ni dai na taɓa saya, ba sau ɗaya ba, kuma tun daga ranar ban ƙara ba. Ban ce ki bi ni ba, amma ki yi tunani.

Inda ake sa ran ganinsu shi ne kogin Kwara wajen Yawuri, a jihar Kebbi, saman tafkin Kainji da aka datse a 1968. Daga Gummi sai a koma Ɗaki Takwas a bi ta Zuru. Dorina tana wuni a ruwa, da dare take fitowa kiwo, kuma duk wannan jiki nata ta fi mutum gudu, mai ɗa kuwa ba a kusantarta ko da wasa, tana iya kifar da jirgi. Don haka daga tudu za mu kalle ta, da jagorancin Sarkawa masu ruwan. Ayu kuwa kunya gare shi kamar sabuwar amarya, ɗan hancinsa kawai yake fitarwa ya shaƙi iska ya koma. Na gaya wa Auta tun yanzu cewa za mu iya wuni a bakin ruwa mu dawo ba mu gan shi ba, kada ta yi mini kuka. Ta ce ta yarda, in dai za ta ga wurin da yake.

Abin da ya fi faranta mata rai shi ne ranar da muka shimfiɗa taswirar yayanta ta makaranta muka bi ruwan da yatsa. Gulbin Zamfara ya ratso ƙasar Anka da Bukkuyum ya wuce Gummi, ya shiga jihar Kebbi ya haɗu da gulbin Sakkwato, shi kuma ya zuba a Kwara, Kwara ta wuce Yawuri da Kainji da Lakwaja har ta faɗa teku, tekun nan dai da manyan kifayen ke zuwa haihuwa. Ta yi tsalle ta ce, "Inna tsohuwa, ashe ruwan wankinku kifin Annabi Yunusa yake sha!" Inna ta yi dariyar da rabon da in ji irinta tun kafin ta baro gida.

Saura babban shafi, wato maigida. Ranar da na kai masa littafin bayan ya ci tuwo, ya duba shafi biyu ya ajiye ya ce, "Maman Auta, da muguwar rawa gara ƙin tashi. Mutane na gudowa daga wuri, ke kina shirin kai mini 'ya yawon hoto?" Ban ji haushinsa ba, domin ya fi ni gaskiya ta wani wajen. Ni kaina akwai daren da nake farkawa in ce anya ba son zuciya ba ne? In wani abu ya faru a hanya, da wane baki zan ce hoto muka je ɗauka?

Na ce masa, "Abban Auta, kullum motoci na zuwa Gummi suna dawowa, mata na zuwa biki da ta'aziyya da asibiti. Da rasuwa aka yi, da kai da kanka za ka kai mu tasha. Me ya sa ba ma zuwa garinmu sai in an mutu? Idon Inna kullum ƙara rufewa yake, ko an yi aikin ba mu san yadda zai kasance ba. So nake ta ga gulbin nan tun tana iya rarrabe ruwa da rairayi."

Bai ce komai ba ranar. Bayan kwana uku na tarar da littafin a kan gadona, ya sa biro ya yi gyara. Ya soke Yawuri, ya rubuta a gefe, "Wannan sai wata shekara, in hanyar Zuru ta yi daɗi." A ƙarƙashin Anka da Gummi kuma ya rubuta, "Mutum huɗu. Ni zan zauna gaba. In na ce a fasa an fasa." Auta ta yi ɗan kukanta na ayu, na lallashe ta, na ce ai shafin yana nan ba a yage shi ba.

Halin da ake ciki ke nan, 'yan uwa. Inna ta sa an wanke mata zanenta na saƙi ta ninke ta sa a ƙarƙashin matashi, kullum sai ta tambaye ni, "Ɗiyan nan, an fara yankan dawa?" Ni kuma kullum da la'asar ina ƙofar gida ina ɗaukar darbejiya, har maƙwabta sun fara tambayar ko lafiya.

Ke da kike karanta wannan, ban ce ki ɗauki 'ya'yanki ki shiga daji ba, rai ya fi hoto. Amma in garinku yana shiguwa, ki je tun ba a aiko miki da mugun labari ba, ki ɗauko kukar ƙofar gari da rijiyar da kika yi ɗiba da tsofaffin da suka rage, ki wanke ko guda biyar ne ki ajiye a ƙasan akwati, domin waya faɗuwa take. In kuma ba ya shiguwa, ki zaunar da yaran ki ba su labarinsa yadda kika san shi, da sunan kowace unguwa da kowane icce.

Ku sa mu a addu'a. In Allah ya kai mu ya dawo da mu lafiya, hoton gulbin Gummi ne zai zama bangon littafina na gaba, ko da ya fito a karkace. Allah ya zaunar mana da ƙasarmu lafiya, ya mayar da kowa gidansa, amin.

Taku har kullum.